KERAUNOGIRAF: WA ZAI RUBUTA MANA TSAWA?

Gabatarwa

Kwanakin baya, ana gab da faɗuwar damina, wani yaro ɗan maƙwabcina da ke aji biyar na sakandare ya yi mini sallama bayan la'asar, riƙe da 'yar takarda. Makarantarsu ce ke shirin shiga gasar kacici-kacici, aka ba su jerin kalmomin Turanci masu wuya su haddace, shi ne ya ci karo da wata da ta cije masa. A takardar an rubuta ta ceraunograph, aka ce ma'anarta na'urar da ke rubuta hadari mai tsawa. Ya ce mini, "Baba, haddacewa kam na haddace, amma ta yaya ƙarfe zai rubuta tsawa?"

Wannan tambaya ta fi kalmar kanta daraja, kuma ita ce dalilin wannan maƙala. Ra'ayina shi ne, ba daidai ba ne mu riƙa ɗura wa yara irin waɗannan kalmomi kamar yadda ake yi wa tsohuwa ɗurin magani, su haɗiye ba su san abin da ke ciki ba. Kamata ya yi a fasa kalmar a gabansu, a nuna musu na'urar da ke bayanta, a raɗa mata suna da harshenmu, sa'annan a tambayi kai ko aikin da aka ƙera ta dominsa muna yin sa a garuruwanmu. Ina ganin ba ma yi yadda ya kamata, kuma sakacin yana cin rayukan mutane da dabbobi.

Asalin kalmar

Kalmar, wadda za mu rubuta keraunogiraf bisa yadda bakinmu zai iya furta ta, haɗin gambiza ce ta kalmomi biyu na harshen Girkanci. Ta farko ita ce keraunos, wato aradu, tsawar da ke faɗowa ƙasa ta yi ɓarna. Ta biyu kuwa daga girafein take, wato rubutawa ko zanawa, ita ce kuma wutsiyar da muke ji a kalmomi irin su telegiraf. Turawa suna rubuta farkon kalmar wani lokaci da harafin c, wani lokaci da k, duk abu ɗaya ne.

Girkawan dā sun rarrabe al'amarin tsawa gida uku. Hasken da ake gani suna kiran sa astirape, rugugin da ake ji suna kiran sa bironte, abin da ke faɗowa kuma keraunos. Mai karatu zai lura cewa Bahaushe ma haka ya yi tun fil azal. Muna da walƙiya ga hasken, muna da cida ga rugugin da ke tasowa daga nesa, muna da aradu ko kwarankwatsa ga wadda ke tsaga itace, sa'annan muna da tsawa wadda ta tattara ƙarar da faɗowar, shi ya sa muke cewa tsawa ta faɗa wa wane. Ita aradu aro ce daga Larabci, daga ra'ad, sunan da sura ta 13 ta Alƙur'ani mai girma take ɗauke da shi. Ɗaliban kimiyyar halittu kuma sun taɓa haɗuwa da bironte ko ba su sani ba, domin tana cikin sunan Birontosoros, ƙaton dabban nan na zamanin dā wanda masani Otiniyel Mash na Amurka ya raɗa wa suna a 1879, ma'anar sunan kuwa ƙadangaren cida.

Akwai wata dangantakar da ta fi wannan ban sha'awa. Manomanmu kan tono wani dutse mai santsi da kaifi a gona, su kira shi gatarin aradu, bisa imanin cewa shi ne abin da tsawa ke jefowa. Mutanen Turai ma sun daɗe da irin wannan imani, suna kiran duwatsun keraunia, daga wannan tushe dai na keraunos. Wani likita ɗan Italiya mai suna Mikele Merkati, wanda ya rasu a 1593, yana cikin waɗanda suka fara bayyana cewa irin waɗannan duwatsu hannun ɗan'adam ne ya sassaƙa su, kayan aiki ne na mutanen da suka rayu kafin a san ƙira. Littafinsa bai fito ba sai a 1717. Ashe gatarin aradu gatarin kakanninmu ne. Wannan darasi ne guda a cikin kalma guda, wanda hadda ba za ta taɓa ba yaro ba.

Na'urar da yadda take aiki

Tun bayan da Benjamin Faranklin ya nuna a 1752 cewa walƙiya lantarki ce, masana suka shiga neman hanyar auna ta. Neman bai zo da sauƙi ba. A 1753, a birnin San Fitasbag na Rasha, tsawa ta kashe Farfesa Jiyoj Rishman a cikin ɗakinsa, yana tsaye kusa da sandar ƙarfen da ya haɗa domin gwaji. Wannan ya isa gargaɗi ga duk ɗalibin da karambani zai sa ya ɗaga waya sama lokacin hadari.

A 1890 wani masanin yanayi ɗan Ingila, Joj Saimons, ya gabatar da na'urar da ya kira birontomita, wato ma'aunin cida. Na'ura ce mai alƙaluma da dama da ke zane a kan doguwar takarda mai tafiya da ƙarfin agogo. Wasu alƙaluman suna bin nauyin iska da gudunta da kansu, amma walƙiya da ƙarar tsawa sai mutum ya zauna yana danna maɓalli duk lokacin da ya gani ko ya ji. Wato dai ido da kunnen ɗan'adam su ne rabin na'urar.

Canji ya zo ne ta hanyar rediyo. Duk lokacin da aka yi walƙiya, ban da haske da ƙara, tana watsa igiyoyin rediyo zuwa kowace kusurwa. A 1890 Eduwa Biranli na Faransa ya gano cewa idan aka zuba garin ƙarfe a cikin ɗan bututun gilashi tsakanin wayoyi biyu, lantarki ba ya ratsa shi sosai, amma da zarar igiyar rediyo ta taɓa shi sai ƙwayoyin garin su manne da juna, hanya ta buɗe. Aleksanda Popof, malamin kimiyya a Rasha, ya ɗauki wannan bututu ya haɗa shi da doguwar waya da batir da ƙararrawa. Idan aka yi walƙiya, ko da a nisan kilomita da dama ne, garin ƙarfen ya manne, lantarkin batir ya wuce, ƙararrawa ta kaɗa, 'yar gudumar ƙararrawar kuma ta ƙwanƙwasa bututun garin ya warwatse, ya koma jiran walƙiya ta gaba. Ya nuna wannan na'ura a gaban taron masana a San Fitasbag ranar 7 ga Mayu, 1895, ranar da Rasha take tunawa da ita a matsayin Ranar Rediyo. Da aka haɗa mata alƙalami da ganga mai juyawa wadda aka naɗe da takarda, sai ta zama tana ɗiga alama ga kowace walƙiya tare da lokacinta, dare da rana, ba tare da kowa ya zauna gadi ba. Irin wannan na'ura, wadda wasu masana suka ƙera tasu a Turai da Amurka a wajejen 1900, cikinsu har da Fada Odenbak na birnin Kilibland, ita ce aka fi sani da keraunogiraf.

Amsar tambayar ɗan maƙwabcina ke nan. Na'urar ba ta jin ƙarar tsawa ko kaɗan. Saƙon rediyon da walƙiya ta aiko shi take kamawa ta rubuta. Duk wanda ya taɓa sauraron labarai a matsakaicin zango da damina, ya ji akwatin yana ƙarats-ƙarats kafin hadari ya iso gari, to ya riga ya ji abin da keraunogiraf ke rubutawa.

Ma'ana ta biyu

Ni ta wata ƙofa dabam na fara sanin dangin wannan kalma, wato ƙofar nazarin jikin ɗan'adam. Wani lokaci idan tsawa ta taɓa mutum, akan ga wani jan zane a fatarsa mai rassa kamar reshen itace ko jijiyoyin ganye. Likitoci suna kiran sa zanen keraunogiraf, ko kuma zanen Lishtenbag, da sunan masanin Jamus da ya ga irin wannan siffa a gwajin lantarki a 1777. Zanen ba ƙuna ba ne irin ta wuta, kuma yakan ɓace cikin sa'o'i ko 'yan kwanaki. A ƙarni na 19 mutane da yawa a Turai da Amurka sun gaskata cewa walƙiya hoto take ɗauka, wai itacen da ke kusa da mutumin ne ta buga a jikinsa. Bincike ya nuna ba haka ba ne, domin zanen kan fito ko a inda babu itace ko ɗaya. Siffa ce kawai ta yadda lantarki ke rarrabuwa, kamar yadda ruwan sama ke yanka ƙoramu a kan tudu.

Akwai kuma wata 'yar'uwar kalmar, keraunofaralisis, wato shanyewar gaɓoɓi ta ɗan lokaci bayan faɗowar tsawa. Ƙafafu kan yi sanyi, su yi fari ko shuɗi-shuɗi, mutum ya kasa motsa su, amma galibi sukan dawo daidai bayan wasu sa'o'i. Sanin wannan yana da amfani ƙwarai, domin mai irin wannan hali ana iya zaton ya riga mu gidan gaskiya alhali da sauran numfashinsa. Injiniyoyin lantarki su ma suna da tasu: taswirar aisokeronik, wadda ke nuna yawan kwanakin da ake jin tsawa a shekara a kowane yanki, da ita suke sanin irin kariyar da za a yi wa turaku da wayoyin wuta. Kun ga tushe ɗaya ya ratsa ilimin yanayi da likitanci da injiniyanci. Yaron da ya san tushen ya sami mabuɗin ɗakuna uku.

Ina ruwan masanin halittu da tsawa?

Wani zai ce wannan fage ne na masu ilimin yanayi, me ya kai malamin kimiyyar halittu ciki? Amsa ita ce tsawa tana da hannu dumu-dumu a rayuwar tsirrai da dabbobi.

Kashi 78 cikin 100 na iskar da muke shaƙa naitirojin ce, kuma tsirrai suna matuƙar bukatar ta, amma ba sa iya amfani da ita a yadda take, domin ƙwayoyinta biyu-biyu suke a ɗaure da ɗauri mai tsanani. Zafin da ke cikin hanyar walƙiya yakan kai wajen digiri 30,000, ya ninka zafin fuskar rana kusan sau biyar. Wannan zafi yana tsinka ɗaurin, naitirojin ta haɗu da oksijin, ruwan sama ya wanko sinadarin zuwa ƙasa ya zama taki. Masana sun ƙiyasta cewa walƙiya tana samar da wajen tan miliyan 5 na naitirojin ta wannan hanya kowace shekara a duniya. Gaskiya ne wannan kaɗan ne idan aka kwatanta da aikin bakteriyar da ke cikin ƙullutun saiwar gyaɗa da wake, amma taki ne da ba a saya da kuɗi. Haka kuma a gwajin da Sitanli Mila ya wallafa a 1953, tartsatsin lantarki mai kwaikwayon walƙiya ya harhaɗa wasu daga cikin tubalan gina furotin daga iskoki da ruwa kawai.

A dazuzzuka kuwa tsawa ce ke yanke wa manyan itatuwa hukunci. A tsibirin Baro Kolorado na ƙasar Panama, masu bincike sun kafa kyamarori da na'urorin gano inda tsawa ta faɗa, wato jikokin keraunogiraf, suka riƙa bin sawu suna duba ɓarnar. A sakamakon da suka fitar a 2020 sun nuna cewa wajen kashi 40 cikin 100 na mutuwar itatuwa mafiya girma a wannan daji tsawa ce sanadi. Kafin a fara rubutawa babu wanda ya zaci abin ya kai haka, domin itacen da tsawa ta taɓa yakan ɗauki watanni yana mutuwa a hankali, ba tare da tabon ƙuna ba.

Makiyaya su ne suka fi kowa sanin zafin abin. A watan Agusta na 2016 tsawa ta kashe dabbobin dawa 323, irin barewar ƙasashen ƙanƙara, a wani tudu na ƙasar Nowe. A watan Satumba na 2019 ta kashe shanu 36 a Ijare ta Jihar Ondo. Dalilin da ya sa garke guda ke faɗuwa lokaci ɗaya shi ne, idan tsawa ta sauka, lantarkinta yana bazuwa ta cikin ƙasa, ƙarfinsa yana raguwa da nisa. Saniya tana da tazara mai yawa tsakanin ƙafafun gaba da na baya, saboda haka lantarkin yakan shiga ta wasu ƙafafun ya fita ta wasu, ya ratsa ƙirji inda zuciya take. Ga shi kuma dabbobi kan cunkushe wuri ɗaya, sau da yawa a gindin itace, idan hadari ya taso.

Wane suna za mu ba ta?

A nan ne nake sa ran wasu abokan aikina za su saɓa mini. Akwai masu ganin cewa kalmomin kimiyya na duniya ne baki ɗaya, a bar su yadda suke, domin da Turanci yaro zai rubuta jarrabawa, fassara kuwa ɓata lokaci ce. Akwai gaskiya a cikin wannan magana, kuma ban ce a ɓoye wa ɗalibi kalmar asali ba. Sai dai a tuna cewa Baturen da ya ƙirƙiro kalmar shi ma aro ya yi daga Girkanci, kuma ya yi ne domin sunan ya faɗi aikin na'urar. Ga yaron Kazaure ko na Maraɗi sunan ba ya faɗin komai, ƙara ce kawai. Idan muka bar shi haka, mun riƙe ɓawo mun zubar da ƙwaya. Hausawa na cewa da ruwan ciki akan ja na rijiya. Abin da yaro ya fahimta da harshen uwa shi ne gugan da zai jawo na Turanci da shi.

Harshenmu kuwa yana da ƙa'idarsa ta raɗa wa kayan aiki suna. Daga buɗe muka sami mabuɗi, daga duba muka sami madubi, daga tsefe muka sami matsefi, daga auna muka sami ma'auni, har muke cewa ma'aunin zafi da ma'aunin ruwan sama. To ko za mu ce ma'aunin tsawa? Ina ganin a'a, domin na'urar Popof ba ta auna ƙarfin tsawa, abin da take yi shi ne ajiye shaidar cewa an yi ta a lokaci kaza. Ma'aunin cida ya fi dacewa da na'urar Saimons. Marubucin aradu fa? Wannan ita ce fassarar kai-tsaye, amma ta yi ƙunci, saboda mafi yawan walƙiya a cikin gajimare take farawa ta ƙare, ba ta sauko ƙasa, kuma na'urar tana iya kama waɗannan ma. Shawarata ita ce a kira ta marubucin tsawa, domin tsawa ce kalmar da ta fi faɗi a bakin jama'a. Na san za a ce marubuci ai mutum ne. Haka ne, amma ban ga aibu ba, tunda a farkon al'amari mutum ne ke wannan aiki, kuma kamar yadda zan nuna, har yanzu muna bukatar mutumin. Wannan shawara ce kawai. Ina kira ga malaman Hausa da cibiyoyin nazarin harsuna na jami'o'inmu da ma'aikatan gidajen rediyo su auna ta, in sun sami wadda ta fi ta su kawo.

Kalmar ta tsufa, aikin bai tsufa ba

Wani ƙorafin da za a yi shi ne, ita kanta kalmar ta zama tsohon yayi, ko a Ingila sai a ƙamus ake ganin ta. Wannan ma gaskiya ne. Yau masana suna maganar na'urorin gano walƙiya ne kawai. Amma aikin ya bunƙasa fiye da yadda Popof zai yi mafarki. A 1925 masanin Ingila Buruks ya ƙiyasta cewa ana walƙiya sau 100 a kowace daƙiƙa a duniya, aka yi shekaru saba'in ana maimaita wannan adadi. Da aka harba na'urar ƙirga walƙiya a kan tauraron ɗan'adam a 1995, sai aka ga adadin wajen 45 ne a daƙiƙa, kuma a kan tudu ake yin mafi yawanta, teku kaɗan take samu. Taurarin sun nuna cewa tafkin Marakaibo na Benezuwela ne kan gaba a duniya wajen yawan walƙiya, yankin Kabare na gabashin Kwango yana biye, kuma nahiyarmu ta Afirka ce ta fi kowace yawan wuraren da walƙiya ta yi katutu. A 2025 Hukumar Yanayi ta Duniya ta tabbatar da wata walƙiya guda da aka yi a Amurka a watan Oktoba na 2017 mai tsawon kilomita 829. A watan Disamba na 2022 kuma ƙasashen Turai sun harba sabon tauraron Meteosat mai ɗauke da kyamarorin walƙiya, yana tsaye a nisan kusan kilomita 36,000 yana kallon Afirka da Turai ba dare ba rana.

Wannan ya shafe mu kai-tsaye. Manominmu ya daɗe da sanin cewa hadarin gabas shi ne mai ruwa, kimiyya kuma ta gaskata shi: manyan hadura masu tsawa da ke tasowa daga gabas su nausa yamma su ne ke kawo mafi yawan ruwan yankin Sahel. Wani bincike da aka wallafa a 2017, bisa hotunan taurari, ya nuna cewa mafiya tsanani daga cikin waɗannan hadura sun ninka yawansu sau uku tun daga 1982. Hukumar NiMet a Nijeriya da cibiyar AGRHYMET da ke Yamai suna bin yanayi suna ba da hasashe. Amma tauraro walƙiya yake gani. Ba ya ganin saniyar da ta faɗi, ko rumbun da ya ƙone, ko yarinyar da aka binne washegari ba tare da labarin ya wuce ƙauyensu ba. Wannan ɓangaren sai mutum ya rubuta shi, kuma abin da ba a rubuta ba hukuma ba ta yi masa kasafi.

Abin da makarantu za su iya yi

Ranar 28 ga Yuni, 2011, tsawa ta faɗa wa wata makarantar firamare a gundumar Kiryandongo ta ƙasar Yuganda, ta kashe yara 18 da suka fake a cikin aji. Saboda wannan musiba ne aka keɓe 28 ga Yuni ta zama ranar faɗakarwa kan kariya daga tsawa. A 1975 kuma, a ƙasar da yau ake kira Zimbabuwe, tsawa ɗaya ta kashe mutum 21 da suka fake a bukka guda. Ajujuwanmu masu rufin kwano da bukkokinmu na gona ba su bambanta da waɗancan ba.

Saboda haka ina ba kowace makarantar sakandare shawara ta buɗe littafin rajistar tsawa, ƙungiyar ɗaliban kimiyya ta riƙe shi. Littafin rubutu na talaka ya isa. Duk ranar da aka ji tsawa a rubuta kwanan wata, da lokacin da aka fara ji da lokacin da aka daina, da kusurwar da hadarin ya taso, da yawan ruwan da aka samu, da duk wata ɓarna da aka tabbatar ta auku ga mutum ko dabba ko itace ko gini. A rubuta kuma nisan walƙiyar, lissafinsa kuwa mai sauƙi ne. Haske yana isowa nan take, amma ƙara tana tafiyar wajen mita 340 ne a daƙiƙa, wato kilomita ɗaya a daƙiƙa uku. A ƙirga daƙiƙun da ke tsakanin ganin walƙiya da jin ƙararta, a raba da uku. Daƙiƙa 15 kilomita 5 ke nan. Wanda yake da rediyo mai batir yana iya murɗa shi zuwa matsakaicin zango, inda babu tasha, ya ƙirga ƙarats nawa yake ji a minti ɗaya, ya ga yadda suke ƙaruwa idan hadari na matsowa. Duk wannan daga cikin ɗaki za a yi shi, nesa da taga, ba tare da an miƙa wata waya waje ba. Idan makarantu ashirin a jiha ɗaya suka yi haka damina biyar a jere, suka haɗa littattafansu, za a sami taswirar da za a iya ɗauka a kai gaban hukuma a ce ga inda ya fi bukatar kariya.

Tare da rajistar, a koya wa yara ƙa'idojin tsira. Duk wanda ke jin ƙarar tsawa yana cikin iyakar da za ta iya kai masa, musamman idan tazarar ba ta kai daƙiƙa 30 ba. A dakatar da wasan ƙwallo da taron fili, a shiga gini mai ƙwari ko mota mai rufin ƙarfe, kada a fito sai an yi minti 30 da jin ƙara ta ƙarshe. A guji gindin itace, da kan tudu, da cikin ruwa, da jingina da shingen waya. Hukumomin makarantu da ƙungiyoyin iyaye da malamai su sa a kafa wa ajujuwa sandunan kariya, waɗanda ƙwararru suka haɗa da ƙasa yadda ya dace, domin sandar da ba a binne wayarta da kyau ba ado ce kawai.

Abu mafi muhimmanci shi ne wannan: jikin wanda tsawa ta taɓa ba ya riƙe lantarki. A wurare da dama mutane kan ja da baya suna tsoron taɓa shi, alhali abin da ke kashe shi shi ne tsayawar zuciya da numfashi, kuma mintocin farko su ne masu tsada. A duba numfashinsa, in babu a fara danna ƙirji da hura masa iska, a kuma nemi asibiti da gaggawa. Mafi yawan waɗanda tsawa ta taɓa suna rayuwa. Kowane malamin kimiyyar halittu ya kamata ya koyar da wannan kafin ruwan farko ya sauka.

Kammalawa

Mun taso muna jin tsoron tsawa, har muna rantsuwa da aradu, kuma tsoron yana da dalili. Sanin yadda take aukuwa ba ya rage wa mumini ganin girman Mahaliccinta, kamar yadda tawakkali bai hana rigakafi ba. Abin da nake roƙon 'yan'uwana malamai shi ne, idan irin wannan baƙuwar kalma ta sake faɗowa cikin aji, kada a sallami yara da hadda. A fasa ta, a nemo 'yan'uwanta a Hausa, a tambayi aikin da take nuni da shi, a ga ko akwai rabonmu a ciki.

Ɗan maƙwabcina ya koma gida da amsarsa, ni kuma na ba shi sabon littafin rubutu mai shafi 80, muka ja layuka tare. Ya zuwa ranar da nake wannan rubutu ya cika shafi uku, kuma ya riga ya lura da kansa cewa hadarin unguwarmu ya fi tasowa daga gabas, tsakanin la'asar da tsakar dare. Ina fata kafin damina mai zuwa a sami irinsa a kowace makaranta da wannan mujalla take isa. Allah Ya ba mu damina mai albarka, Ya kare mu daga sharrin abin da ke cikinta, amin.